Wa Zai Ɗauki Nauyin Labarin Kilomita Biyar?

Idan aka tashi daga kallon fim, sunan jarumi ne ke bakin mutane, masu ɗan sani kuma su ƙara da na darakta. Wanda ba a cika tunawa da shi ba shi ne furodusa, mutumin da ya hango labarin tun yana kan takarda ko yana bakin wani, ya nemo kuɗi, ya haɗa ma'aikata, ya sasanta da hukuma, ya ciyar da jama'a a wurin ɗauka, sannan bayan kowa ya watse ya saɓi fim ɗin ya shiga neman masu kallo. Matsayinsa irin na madugu ne a ayarin fatake: ba lallai ya fi kowa kaya ba, amma shi ya san hanya, shi ke ciniki da masu karɓar kuɗin fito, in kuma ayari ya ɓace shi za a tuhuma. Duk wanda ya waiwayi tarihin fim a Bangui, babban birnin Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya, daga farkon wannan ƙarni zuwa yau, zai ga cewa babban abin da ya sauya shi ne samuwar irin wannan mutum. Zai kuma ga cewa unguwar da ta fi kowace unguwa a birnin sanin sirrin jari da ciniki, wato Kilomita Biyar, ita ce har yanzu duniya ta fi saninta ta idon wasu. Hujjata ita ce waɗannan abubuwa biyu a haɗe suke, kuma al'ummar da ba ta ɗauki nauyin labarinta ba, dole ta haƙura da yadda mai ɗaukar nauyin ya ga damar ba da shi.

Kilomita Biyar tana gunduma ta uku ta Bangui, tazarar kilomita biyar daga tsakiyar gari da ke bakin kogin Ubangi. Tun zamanin mulkin Faransa ta zama zangon baƙi 'yan kasuwa: Hausawa, Fulani, Barebari, Larabawan Chadi, mutanen Mali da Senegal, suna zaune tare da 'yan ƙasa Musulmi da Kirista. Kayan da ke sauka a tashar jiragen ruwa ta Douala a Kamaru su biyo hanyar Garoua-Boulaï da Bouar, mafi yawansu a wannan kasuwa suke yada zango kafin su bazu cikin ƙasa. Wannan ne tarihinta na shekaru masu yawa. Amma abin da duniya ta riƙe ya fara ne daga ranar 24 ga Maris 2013, da 'yan tawayen Seleka suka karɓe Bangui, da ranar 5 ga Disamba ta wannan shekara, da mayaƙan anti-balaka masu adawa da su suka afka wa birnin. Daga nan Musulmi suka yi ta kwarara zuwa Chadi da Kamaru, waɗanda suka rage kuma suka takure a Kilomita Biyar, fita daga cikinta ta zama kasada da rai. Fafaroma Francis ya shiga babban masallacin unguwar ranar 30 ga Nuwamba 2015. A Afrilun 2018 dakarun Majalisar Ɗinkin Duniya sun kutsa don kwance ɗamarar ƙungiyoyin da ke kiran kansu masu kare kai, aka zubar da jini. A Disamban 2019 'yan kasuwa da kansu suka ƙi biyan harajin da waɗannan ƙungiyoyi suka ɗora musu, aka gwabza, mutane da dama suka mutu.

Kowane ɗaya daga cikin waɗannan al'amura an ɗauke shi a hoto, kuma kowane hoto yana da mai shi. A 2019 Bafaranshe Boris Lojkine ya fitar da Camille, labarin Camille Lepage, 'yar jarida mai ɗaukar hoto da aka kashe a yammacin ƙasar a watan Mayun 2014 tana da shekara 26. Fim ne da aka yi da gaskiya da tausayi, amma zuciyarsa baƙuwa ce, rikicin kuma ta idonta ake ganinsa. A 2021 Manuel von Stürler, ɗan Suwizalan, ya fitar da Sîrîrî, a kan abotar Kadinal Dieudonné Nzapalainga da Imam Omar Kobine Layama, wanda ya samu mafaka a gidan Nzapalainga lokacin da wuta ta kama. A wannan shekarar dai, cikin watan Mayu, aka tara dubban mutane a filin wasa na Bangui aka nuna musu Turist, fim ɗin Rasha da aka juya zuwa harshen Sango, wanda ke nuna mayaƙan Rasha a matsayin masu ceton ƙasa. Ba ɗaya suke ba a niyya, kuma zalunci ne a auna su da mudu ɗaya. Abin da ya haɗa su shi ne cewa a kowannensu an yanke shawarar inda kyamara za ta tsaya, da wanda za a bari ya yi magana, da inda labari zai ƙare, a wani wuri mai nisa da rumfunan Kilomita Biyar. Wannan shawara kuwa a hannun mai ɗaukar nauyi take.

Ba rashin masu basira ne ya jawo haka ba. Tun 1981 Joseph Akouissonne ya yi fim ɗinsa Zo kwe zo, kuma a shekarun 1980 Léonie Yangba Zowe ta ɗauki raye-raye da al'adun ƙasar da ƙaramar kyamara. Amma sai a 2003 ƙasar ta samu dogon fim na farko na ƙirƙirarren labari, Le Silence de la forêt, wanda Didier Ouénangaré ya yi tare da Bassek ba Kobhio na Kamaru, daga littafin Étienne Goyémidé, da kiɗan Manu Dibango. An haɗa kuɗinsa daga ƙasashe da dama, an kuma nuna shi a bikin finafinai na Cannes a Faransa. A ka'ida irin wannan nasara takan buɗe ƙofa, na biyu da na uku su biyo baya. Hakan bai faru ba. Ouénangaré ya rasu a 2006, aka shiga shiru na shekaru. Dalilin a fili yake: fim ɗin ƙoƙarin mutum ɗaya ne da ya sha wahala ya tattaro taimako sau ɗaya, babu kamfanin da ya rage a ƙasa da ma'aikata da kayan aiki da littafin lissafi, wanda zai karɓi labarin wani matashi gobe ya ce a zo a fara.

Canjin ya zo ne a 2017, lokacin da cibiyar Ateliers Varan ta Faris ta shirya horon ɗaukar fim na gaskiya a Alliance Française ta Bangui, ƙarƙashin Boris Lojkine da Daniele Incalcaterra. Cikin matasan da suka halarta akwai Elvis Sabin Ngaïbino, wanda ilimin duwatsu da ma'adinai ya karanta a jami'a, kuma tun 2012 yake fafutukar haɗa masu sha'awar fim a ƙungiya. A horon ya yi gajeren fim, Docta Jefferson, a kan wani mai sayar da magani a unguwa. Da a nan aka tsaya, da an maimaita tsohon labari: a yi horo, a raba takardar shaida, baƙi su koma gida. Sai shi da malamansa biyu suka kafa kamfani a Bangui, Makongo Films, ya zama darakta kuma furodusa. A 2020 fim ɗinsa Makongo, labarin samari biyu 'yan ƙabilar Aka da ke tara tsutsar itace da ake ci su sayar don su kai yaran ƙauyensu makaranta, ya ci kyauta a bikin Cinéma du Réel a Faris. A 2022 kamfanin ya fitar da Nous, étudiants!, na Rafiki Fariala, wanda aka haifa a Uvira ta Kwango a 1997 ya taso a Bangui yana ɗan gudun hijira, aka nuna shi a bikin Berlin. A 2023 Ngaïbino ya kai Le Fardeau bikin Amsterdam, labarin mata da miji masu ɗauke da ƙwayar cutar ƙanjamau suna ɓoye wa cocinsu. Ƙasar da ta yi shekara goma sha wani abu tana jiran fim na biyu ta fitar da uku daga gida ɗaya cikin shekara huɗu, saboda an samu wanda aikinsa ke nan ya tabbatar an gama na yau an fara na gobe.

Wannan abin a yaba ne ba tare da ƙyashi ba. Sai dai ginin yana da rauni a wuri biyu. Na farko, kuɗin daga asusun tallafi da abokan hulɗa na ƙetare yake zuwa. Na biyu, masu kallon da suka fi ganin finafinan suna Turai. Fim ɗin Fariala, da ya taɓo cin hanci da lalata da ɗalibai mata a Jami'ar Bangui, hukuma ta hana nuna shi a ƙasar a 2022, aka wayi gari mutumin Berlin ya ga abin da ɗalibin da aka yi fim ɗin a kansa bai samu gani a allo ba. Nijar ta riga ta nuna inda irin wannan hanya ke iya kaiwa. A shekarun 1960 da 1970 tana cikin jagororin fim a Afirka. Jean Rouch, wanda tunaninsa ne ya haifi Ateliers Varan, ya yi aiki da Moustapha Alassane da Oumarou Ganda, kuma fim ɗin Ganda, Le Wazzou polygame, shi ya fara cin babbar kyautar bikin finafinai na FESPACO a Wagadugu a 1972. Ganda ya rasu a 1981, tallafi ya ja baya, gidajen silima suka yi ta rufewa, harkar ta kwanta. Basira ba ta ƙare a Nijar ba. Abin da ya yi ƙaranci shi ne mai zuba jari na gida da ke da dalilin ci gaba ko da baƙo ya tafi.

Hanya biyu aka sani da ke raya furodusa na gida. Ɗaya ta hukuma ce, kuma Ostireliya misali ce mai kyau. A shekarun 1960 gidajen silimarta finafinan Amurka da Ingila suke nunawa, nata na gida ba su taka kara sun karya ba. A 1970 gwamnati ta kafa hukumar zuba jari a fim, a 1973 aka buɗe makarantar fim ta ƙasa. Amma kuɗin hukuma ba ya zama fim da kansa. Patricia Lovell, wadda yara suka sani a shirin talabijin, ita ta karanta littafin Joan Lindsay, Picnic at Hanging Rock, ta sayi izinin mayar da shi fim, ta nemo darakta Peter Weir, ta yi shekaru tana bin masu kuɗi har fim ɗin ya fito a 1975 ya sa duniya ta waiwayi ƙasar. Tana kuma cikin furodusoshin Gallipoli a 1981, daga baya ta shugabanci sashen koyar da aikin furodusa a makarantar fim daga 1996 zuwa 2003. Ta wannan tsari ne 'yan asalin ƙasar, da aka daɗe ana ɗaukar hotonsu ba da bakinsu ba, suka samu shiga, har Warwick Thornton, tare da furodusa Kath Shelper, ya ci kyautar fim na farko a Cannes a 2009 da Samson and Delilah. Wannan hanya tana buƙatar gwamnati mai rarar kuɗi da haƙurin jin suka, kuma babu mai hankalin da zai ce Bangui ta zauna jiran wannan a yanzu.

Hanya ta biyu ita ce ta kasuwa, kuma mu Hausawa mun fi kowa saninta, domin a Kano aka bi ta. A 1990 ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo, ba tallafin gwamnati, ba asusun ƙetare. Marubuta irin su Ado Ahmad Gidan Dabino suka mayar da littattafansu fim, kamar In Da So Da Ƙauna. Zuwa 1999 Sarauniya Films ta fitar da Sangaya, a 2000 Yakubu Lere ya fitar da Wasila, harka ta zama sana'ar dubban mutane. Tsarin cinikin ma daga kasuwa aka ƙirƙiro shi: furodusa ya buga kwalin kaset ya sayar wa 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da Bata, ya ba su uwar kaset, su kwafa su sa a kwali su rarraba, yawan kwalin da aka saya shi ne ma'aunin ribarsa. Ta hanyoyin da goro da atamfa ke bi, kaset ya kai Maraɗi, Yamai, Garwa, Kumasi, da duk inda Hausawa suka yi zango. Abin lura shi ne waɗannan furodusoshi ba su jira an ba su izinin zama masu fim ba. Sun san masu kallonsu, sun san farashin da talaka zai iya biya, sun san wanda zai ba su bashi da wanda zai kai kaya. Duk wannan ilimi yana nan jibge a Kilomita Biyar, a wurin mutanen da ke iya ɗauko kaya daga Douala cikin hatsarin hanya su kuma fitar da riba.

Za a ce, kuma da gaskiyar mai faɗa, mutumin da aka ƙona wa shago, ya binne 'yan'uwansa, iyalinsa na warwatse tsakanin Njamena da Garoua-Boulaï, ina shi ina fim? Ai mai neman abin sawa a baka ba ya sayen ganga. Amsar ita ce a wannan unguwa suna ma jari ne. Abin da ya sa aka iya killace ta shi ne an riga an zaunar da labari a zukatan maƙwabta cewa mutanenta baƙi ne, ko da kakanninsu a nan aka haife su. Wannan labari shi ke sa matashi ya sha tambayoyi kafin ya samu takardar zama ɗan ƙasa, shi ke sa mai saye ya ji tsoron shigowa kasuwa, shi ke sa wanda ya dawo daga hijira ya tarar da wani a gidansa. Ɗan kasuwar da ke gyara rumfa ya bar wannan labari yadda yake ya yi rabin aiki ne. Kuma kuɗin da fim na gaskiya irin na Makongo ke ci, mai ƙaramar kyamara da ma'aikata kaɗan, bai fi ƙarfin 'yan kasuwa kaɗan da suka haɗa hannu ba.

Za a kuma ce kasuwar da ta raya fim a Kano ita ce ta kusa kashe shi. Wannan ma gaskiya ne. 'Yan kasuwa sun riƙa tilasta waƙa da rawa da kwaikwayon finafinan Indiya saboda su ke fita da sauri, sun riƙe wa furodusoshi kuɗi, satar fasaha ta cinye riba, daga baya masu tura finafinai a waya suka durƙusar da cinikin faifai baki ɗaya. Amma a duba abin da ya biyo baya. Da faifai ya mutu, sana'ar ba ta mutu ba, sai ta koma dogon zango: Daɗin Kowa a tashar Arewa24 da aka buɗe a 2014, Labarina na Aminu Saira, Izzar So na Lawan Ahmad a YouTube. Wanda ya san yadda ake haɗa labari da kuɗi da masu kallo yakan samu sabuwar hanya idan tsohuwar ta toshe. Darasin Kano shi ne mai jari ya tsaya a matsayin mai jari, a rubuta yarjejeniya, a bar wa furodusa da darakta hukuncin labari. Wannan kuma shi ne amsar masu cewa tunda kowa na da waya mai kyamara, furodusa ya zama tarihi. Waya tana ɗaukar abin da ya faru a gabanta, kuma a lokacin rikici irin waɗannan guntayen hotuna sun fi saurin hura wuta. Bin mutum ɗaya shekara guda, neman yardarsa, kare shi daga abin da fitowarsa za ta jawo masa, tace hoton awa ɗari ya koma awa ɗaya da rabi, wannan aiki ne mai buƙatar wanda zai biya, ya jira, ya kuma amsa tambaya idan an zo tuhuma.

Ƙorafi mafi nauyi shi ne na masu tsoron kada fim ɗin unguwa ɗaya ya zama ramuwar gayya, kowa ya fito da gawarwakinsa yana ƙirgawa. Tsoron yana da tushe, domin mutanen Kilomita Biyar an zalunce su, wasu daga cikin 'ya'yanta kuma sun yi zalunci, har a kan 'yan kasuwar unguwar, kuma harin da aka kai cocin Fatima ranar 1 ga Mayu 2018 yana nan a zukatan maƙwabta. Fim ɗin da ya ɓoye wannan ɓangare farfaganda ce, ba ta da bambanci da wadda aka nuna a filin wasa. Amma a nan ma furodusa ne mai riƙe linzami. Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama ya yi Tsintsiya a kan soyayya da zaman tare tsakanin ƙabilu da addinai a Nijeriya, kuma a ƙarshen 2008 kotun tafi-da-gidanka a Kano ta ɗaure shi bisa ƙarar Hukumar Tace Finafinai ta jihar, kafin babbar kotu ta jingine hukuncin. Shi aka kama, domin shi ya ɗauki nauyi. Wannan ya nuna haɗarin sana'ar, ya kuma nuna cewa mai fim daga cikin al'ummar Musulmi yana iya zaɓar labarin da ke haɗa mutane, ya tsaya a kansa. Masu ƙyamar fim saboda addini su ma suna da amsa a nan: abin da ke cikin fim zaɓin mai shi ne, kuma wanda ya ƙaurace wa sana'ar bai hana a yi fim a kansa ba, ya dai sallama zaɓin ga wani.

Abin da ya rage ba mai wuyar faɗa ba ne. Bangui ta yau tana da abin da ba ta da shi a 2006: kamfani, masu ɗaukar hoto da sauti da suka ƙware, masu tacewa, da suna a manyan bukukuwa. Kilomita Biyar tana da abin da su kuma suka rasa: jari na gida, hanyoyin rarraba kaya, da masu kallo da suka bazu daga Bangui zuwa Kamaru da Chadi da Nijeriya, masu jin Sango da Hausa da Fulatanci da Larabci. Haɗuwar biyun tana buƙatar matasa daga unguwar su shiga horon da ake yi su koyi lissafin fim da yarjejeniyarsa kamar yadda suke koyon kyamara, tana kuma buƙatar manyan 'yan kasuwa su ɗauki fim a matsayin haja mai riba da asara, su zuba kuɗi da sharaɗi a rubuce. Labaran kuwa ba sai an ƙirƙiro ba: direban da ke bin hanyar Douala, matar da ta dawo daga hijira tana neman gidanta, mahauci Musulmi da abokin cinikinsa Kirista, 'yan kasuwar da suka ce ba za su ƙara biyan 'yan bindiga ba. Dattawan da suka san unguwar tun kafin 2013 suna tsufa, kuma duk shekarar da ta wuce ba a ɗauki maganarsu ba, shaidar da za a kafa hujja da ita gobe tana raguwa.